Ron Taylor: Mafaraucin kifin shak da ya ajiye mashi ya ɗauki kyamara

Ronald Josiah Taylor, wanda duniya ta fi sani da Ron Taylor, ɗan ƙasar Ostireliya ne da ya shafe kimanin shekara 50 yana ɗaukar finafinai a ƙarƙashin teku. An haife shi a birnin Sidni ranar 8 ga Maris, 1934, kuma a can ya mutu ranar 9 ga Satumba, 2012, yana da shekara 78. Sana'arsa ita ce ɗaukar finafinan gaskiya, wato waɗanda ke nuna halittu a muhallinsu ba tare da ƙagaggen labari ba, kuma ya yi ta ne a matsayin mai zaman kansa: shi ke sayen kayan aikinsa, shi ke neman kasuwar abin da ya ɗauko. Duk wanda ya taɓa kallon fim ɗin Jaws na 1975 ya ga aikin hannunsa ko da bai san sunansa ba, domin shi da matarsa Valerie ne suka ɗauko hotunan kifayen shak na ainihi da aka saka a ciki.

Shak kifin teku ne da ba shi da ƙashi sai guringuntsi, yana kuma da haƙora jere-jere, in ɗaya ya faɗi wani ya maye gurbinsa. Akwai nau'o'insa sama da 500, kuma kaɗan ne daga cikinsu ke iya yi wa mutum lahani. A kan wannan kifi Taylor ya yi suna, a kansa ya ci abinci, a kansa kuma ya yi nadamar da ta sauya rabin rayuwarsa na ƙarshe.

Tasowarsa

Taylor ya fara nutso a teku a 1952, yana ɗan shekara 18. A lokacin ba a fi shekara 9 ba da Jacques Cousteau da Emile Gagnan suka ƙera na'urar numfashin nan da mai nutso ke goyawa a baya, don haka yawancin matasan gaɓar Sidni da numfashinsu kawai suke shiga ruwa, su riƙe shi, su soki kifi da mashi, su taso. Farautar kifi da mashi wasa ce da ake gasa a kanta, ana auna abin da kowa ya kaso a bakin gaɓa. Taylor ya gwanance ƙwarai. Ya ci gasar ƙasar Ostireliya sau 4 a jere daga 1962 zuwa 1965, sannan a 1965 ya zama zakaran duniya a gasar da aka yi a tsibirin Tahiti.

A ƙungiyar masu wannan wasa ta St George da ke Sidni ya haɗu da Valerie Heighes, wadda aka haifa a 1935. Ta yi fama da cutar shan-inna tana da shekara 12, ta warke, ta zama mai zanen hotuna, ta kuma ci gasar mata ta farautar kifi. Sun yi aure a Disamban 1963. Tun daga nan ba a iya raba aikin ɗaya da na ɗaya: shi yana bayan kyamara, ita tana gabanta, tana kuma ɗaukar hotunan kati da rubuta bayanin tafiye-tafiyensu. Turawa kan ambace su tare, Ron da Valerie, kamar sunan kamfani guda.

Kyamarar da za ta shiga ruwa ba a saye take a kanti ba a wancan zamani. Taylor da kansa yake ƙera mata akwati na roba mai kamar gilashi, ya toshe duk wata kafa, ya fitar da maɓallan sarrafawa waje. Matsalolin kuwa ba su tsaya a kan yoyo ba. Duk zurfin mita 10 da mutum ya ƙara, nauyin da ruwa ke danna shi da shi yana ƙaruwa da kwatankwacin nauyin iskar da ke kanmu a tudu. Ruwa yana haɗiye launin ja tun daga mitocin farko, shi ya sa komai ke komawa shuɗi-shuɗi in babu fitila. Abin da aka kalla ta shimfiɗaɗɗen gilashi a cikin ruwa yakan ƙara girma da kusan kashi ɗaya bisa uku, ya kuma yi kamar ya matso kusa, sai mai ɗauka ya yi lissafin haka kafin ya saita ido. Uwa uba, naɗin fim mai faɗin milimita 16 da tsawon ƙafa 100, wanda ƙananan kyamarorin lokacin ke ɗauka, ba ya kai minti 3 yake ƙarewa. In ya ƙare sai a taso, a hau jirgi, a busar da hannu, a buɗe akwati, a sauya, a sake rufewa. Kifin da aka jira kwana da kwanaki yana iya zuwa ya wuce a daidai wannan lokaci. Kuma ba a sanin abin da aka ɗauko sai an koma gari an wanke fim.

Abin da kasuwa ke so

Talabijin ya fara aiki a Ostireliya a 1956, gidajen sinima kuma suna nuna gajerun labarai kafin babban fim. Nan Taylor ya samu masu saye na farko, musamman kamfanin labaran sinima na Movietone. Bai daɗe ba ya gane abin da kowane ɗan kasuwa ke ganewa, cewa mai saye ne ke zaɓen haja. Hoton kyawawan kifaye masu launi ba ya kawo kuɗi sosai. Hoton shak da buɗaɗɗen baki kuwa nan take ake karɓa, balle in ga mace kusa da shi.

Babban fim ɗinsa na farko shi ne The Shark Hunters, wanda ya yi da abokin sana'arsa Ben Cropp a farkon shekarun 1960, aka sayar wa gidajen talabijin na Ostireliya da Amurka. Sunan ma ya faɗi abin da ke ciki: mafarauta shak. Ana nuna masu nutso suna kashe kifayen da mashi, 'yan kallo na ganin jarumta. Sauran finafinan nasa na wancan lokaci shi da Valerie suke yawo da su garuruwan bakin teku, su kama zauren taro, su manna sanarwa, su karɓi kuɗin ƙofa, kusan yadda masu majigi suka riƙa yi a garuruwanmu, sai dai nasu da kuɗi ake shiga. Abin da aka tara shi ake sayen fim da man jirgi na tafiya ta gaba.

A tsakiyar shekarun 1960 ya haɗa kai da Rodney Fox, wani mai nutso da babban farin shak ya kama a Disamban 1963 a gaɓar Aldinga, aka yi masa ɗinki 462 ya rayu. Sun tafi ruwan Jihar Ostireliya ta Kudu, inda Taylor ya ɗauko hotunan da ake lissafawa cikin na farko da aka taɓa ɗauka na babban farin shak a ƙarƙashin ruwa. Wani fim da ya fito daga haɗin kansu shi ne Revenge of a Shark Victim. A 1967 kuma wata tawagar masana kimiyya daga Beljiyam ta ɗauki Ron da Valerie aiki na tsawon watanni a Great Barrier Reef, jerin duwatsun murjanin nan da ya miƙe sama da kilomita 2,000 a arewa maso gabashin Ostireliya. Zama da masana ya nuna musu teku ta wata fuska. A ƙarshen shekarun 1960 dukansu biyu suka daina gasar farautar kifi. Taylor ya sha bayyana cewa ganin tulin matattun kifaye a bakin gaɓa bayan gasa ne ya ishe shi, ya yanke shawarar daga nan sai dai ya harbe su da kyamara.

Fita daga keji

Aikin da ya fitar da su duniya ya zo a 1969. Peter Gimbel, wani Ba'amurke ɗan gidan attajirai masu manyan kantuna, ya shirya tafiya ta neman babban farin shak domin fim ɗin sinima. Ya ɗauki Ron da Valerie tare da Stan Waterman, wani gwanin ɗaukar hoto a ruwa. Sun tashi daga Durban ta Afirka ta Kudu, suna bin jiragen masu farautar wel, ƙatuwar dabbar tekun nan mai shayarwa, da fatan jinin waɗanda aka kashe zai jawo abin da suke nema.

Farin shak bai zo ba. Waɗanda suka zo su ne ɗaruruwan wani nau'in shak na tsakiyar teku mai farin baki a fukafukai, wanda masu jiragen ruwa ke tsoro ƙwarai. Da farko daga cikin kejin ƙarfe ake ɗaukar hoto. Daga baya masu nutson suka buɗe ƙofa suka fita tsakiyar kifayen da ke yagar gawar wel. Dabarar da suka gano ita ce, duk shak ɗin da ya zungure ka, ka mayar masa da zungura mai ƙarfi da kyamara ko sanda, sai sauran su ba ka wuri. Tawagar ta yi watanni tana yawo a Tekun Indiya ba ta ga farin shak ba, sai da ta koma inda Taylor ya sani, wani wuri da ake kira Dangerous Reef kusa da garin Port Lincoln a Ostireliya ta Kudu. An saki fim ɗin a 1971 da sunan Blue Water, White Death, marubuci Peter Matthiessen da ya bi tawagar kuma ya rubuta littafin Blue Meridian a kan tafiyar.

Bayan haka aiki ya buɗe. Sun yi ɗaukar ƙarƙashin ruwa na wasan talabijin mai suna Barrier Reef, mai kashi 39, sannan suka shirya nasu na kansu mai kashi 13, Inner Space, wanda aka sayar a ƙasashe da dama.

Jaws da abin da ya biyo baya

A 1973 kamfanin Universal na Amurka ya ɗauki wani matashin darakta, Steven Spielberg, domin ya mayar da littafin Peter Benchley mai suna Jaws fim. Labari ne na ƙaton shak da ya addabi wani garin shaƙatawa. An ƙera shak na inji domin yawancin fitowa, amma ana buƙatar na gaske a wurin da wani masanin teku, Hooper, zai shiga keji. Aka ba Ron da Valerie kwangilar, Rodney Fox na taimaka musu, suka koma Dangerous Reef.

Akwai matsala guda. Shak ɗin labarin tsawonsa ƙafa 25 ne, na gaske kuwa da ake samu a wurin ba su cika wuce ƙafa 14 zuwa 16 ba. Sai aka ƙera ƙaramin keji, aka turo wani ɗan gajeren mutum, Carl Rizzo, tsohon mahayin dawakin sukuwa, domin in an ga kifin kusa da shi ya yi kamar ya ninka girmansa. Wata rana wani shak ya sarƙe a igiyoyin da ke riƙe da kejin, ya yi ta birgima yana dukan ruwa har kejin ya tsinke ya nutse. Taylor na ƙarƙashin ruwa yana ɗauka. Rizzo ba ya ciki a lokacin, wanda hakan ya tsirar da ransa, amma ya bar kamfani da hoto mafi kyau na duk tafiyar kuma kejin babu kowa. A littafin Benchley, shak ya kashe Hooper a cikin keji. Domin kada a yi asarar wannan hoto sai aka sauya labarin, Hooper ya sulale ya ɓuya a ƙasan teku ya tsira. Da wuya a samu wani misali da kifi ya gyara wa marubuta rubutunsu haka.

An fara nuna Jaws ranar 20 ga Yuni, 1975, ya kuma zama fim ɗin da ya fi kowane kawo kuɗi a tarihi zuwa wancan lokaci. Tsoron da ya shuka ya wuce abin da masu yin sa suka zata. Mutane suka ƙaurace wa wanka a teku, gasar kashe shak ta yawaita a Amurka da Ostireliya, kowane mai jirgi na son a ɗauke shi hoto kusa da haƙoran da ya kaso. Kamfanin ya zagaya da Ron da Valerie gidajen talabijin na Amurka suna bayanin cewa labarin ƙage ne, shak ba ya farautar mutane da gangan, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe. Benchley ya ƙare rayuwarsa yana fafutukar kare shak har mutuwarsa a 2006. Spielberg ma ya faɗa a wata hira da gidan rediyon BBC a Disamban 2022 cewa yana nadamar ɓarnar da aka yi wa kifayen sanadiyyar littafin da fim ɗin.

Adalci dai shi ne a ce Jaws ba shi ne babban abin da ya rage yawan shak a duniya ba. Manyan jiragen kamun kifi da cinikin fukafukan shak, waɗanda ake miya da su a wasu ƙasashen Asiya, sun fi kowane fim ɓarna. Wani bincike da Boris Worm da abokan aikinsa suka wallafa a 2013 ya ƙiyasta cewa ana kashe shak kimanin miliyan 100 a kowace shekara, wani kuma da mujallar Nature ta buga a 2021 ya nuna cewa shak na tsakiyar teku da danginsu sun ragu da kashi 71 cikin 100 tun daga 1970. Mutanen da shak ke kashewa a duk duniya kuwa ba su cika wuce goma sha 'yan kai ba a shekara. Abin da fim ya yi shi ne cire tausayin dabbar daga zukatan jama'a, kuma dabbar da ba a tausayi da wuya a samu ɗan majalisar da zai tsaya mata.

Ita ma sana'ar Taylor tana da nata kason laifin, tun kafin Jaws. Shak ba ya zuwa gaban kyamara don Allah. Da jini da nama ake kiransa. Ɗan kallo yana ganin minti 2 na haƙora da kumfa, ba ya ganin makonnin da aka yi ana zuba jini a ruwa babu abin da ya leƙo. Mai ɗaukar hoto mai zaman kansa ya san gaskiyar duka biyun, amma ɗaya ce kawai ake saye.

Sulke

Tun a 1967 Taylor ya yi tunanin rigar da za ta kare mai nutso daga cizo, irin sulken da mayaƙan dā ke sawa, wanda har yau ake gani a jikin wasu mahaya ranar hawan sallah. Sai a 1979 aka ƙera ta da ƙananan zobban ƙarfe marar tsatsa, irin na safar hannun da mahauta ke sawa a ƙasashen Turai. Da aka kawo ta sai ta yi wa Ron kaɗan, don haka Valerie ce ta saka. Ta riƙa cusa yankan kifi a hannun rigar tana miƙa wa shak domin ya ciza, mijinta na ɗauka. Haƙoran ba su ratsa ba, ƙashin hannunta kuma bai karye ba. Gwajin ya nuna cewa irin waɗannan matsakaitan shak sun fi dogara da kaifin haƙori da girgiza kai wajen yanka, fiye da ƙarfin muƙamuƙi da ake ta ba da labari. Mujallar National Geographic ta buga hotunan a 1981, kuma har yanzu masu ciyar da shak domin 'yan yawon buɗe ido suna sa irin wannan riga.

A Janairun 1992, a gaɓar Afirka ta Kudu, Ron da Valerie tare da wasu 'yan ƙasar biyu, George Askew da Piet van der Walt, suka ɗauki hoton babban farin shak ba tare da keji ba, abin da ake lissafa su a matsayin na farko da suka yi. Shekara guda kafin nan, a 1991, Afirka ta Kudu ta zama ƙasa ta farko da ta haramta kashe wannan nau'i.

Gyaran ɓarna

Kifin da ya fi nuna sauyin Taylor shi ne wanda mutanen Ostireliya ke kira grey nurse. Haƙoransa a waje suke, cako-cako, ga mugun kallo, amma ba shi da faɗa, yakan taru ne a kwazazzaban ƙasan teku kusa da gaɓa yana shawagi a hankali. Wannan ya sa kashe shi ya yi sauƙi, musamman bayan da aka fito da mashi mai harsashi a baki. Irinsa ne aka riƙa kashewa a finafinan farko na masu nutson Ostireliya, har da na Taylor. Matsalar ita ce macen ba ta haihuwar fiye da 'ya'ya 2 a cikin shekara 2, domin tun a ciki ɗan da ya fi girma ke cinye 'yan uwansa. Dabbar da ke haihuwa haka ba ta jure farauta.

Ron da Valerie sun yi amfani da hotunansu da sunansu wajen matsa wa hukuma lamba, ita tana rubuta wasiƙu tana shiga ofisoshi, shi yana kawo shaidar da ido zai gani. A 1984 Jihar New South Wales ta haramta kashe grey nurse, wanda ya zama shak na farko a duniya da doka ta ba kariya. Duk da haka, waɗanda ke gabashin Ostireliya har yanzu suna cikin jerin halittun da ke dab da ƙarewa. Ma'auratan sun kuma yi fafutukar da ta kai ga kare wasu manyan kifaye masu sabo da mutane a wurin da ake kira Cod Hole, kusa da tsibirin Lizard, sun yi fim a kan Yongala, jirgin fasinjan da ya nutse a gaɓar Queensland a 1911 ya zama matattarar halittun ruwa.

Ba su daina karɓar aikin Holiwud ba, domin da kuɗinsa ake yin sauran. Su suka yi ɗaukar ƙarƙashin ruwa a The Blue Lagoon na 1980, sun kuma yi aiki a Orca na 1977. Hotunan da suka tara cikin shekaru a ƙarƙashin kamfaninsu, Ron Taylor Film Productions, sun zama jari, ana sayen izinin amfani da su a shirye-shiryen wasu. Ga wanda ba shi da albashi balle fansho, mallakar abin da ya ɗauko ita ce ajiyarsa.

An saka su a zauren karrama gwanayen nutso na duniya a 2000. Gwamnatin Ostireliya ta ba Ron lambar girma ta ƙasa a 2003, Valerie kuma a 2010, bayan wadda Yarima Bernhard na Holan ya ba ta a 1986 saboda kare muhalli. Ron ya yi jinyar sankarar jini ta kimanin shekara 2 kafin mutuwarsa. Bayan haka Jihar Ostireliya ta Kudu ta sanya sunan ma'auratan a gandun ruwan da ke kewaye da tsibiran Neptune, inda manyan fararen shak ke taruwa, ba nisa sosai da inda aka ɗauki hotunan Jaws. A 2021 darakta Sally Aitken ta fitar da fim ɗin Playing with Sharks a kan rayuwar Valerie, kuma yawancin tsofaffin hotunan da ke cikinsa Ron ne ya ɗauke su.